Na Je Wagadugu Na Ji Muryata

Tun da na dawo ba a bar ni na sha kokona cikin natsuwa ba. Duk wanda ya tsaya a bakin shagona, ko ya same ni a bencin ƙofar masallaci bayan la'asar, tambayar ɗaya ce: Alhaji, yaya Wagadugu, yaya fim ɗin Rukayya? Na yi ta ba da labarin har na lura ina ƙara wani abu ina rage wani, kuma abin da nake ragewa kullum shi ne wanda ya shafe ni. Shi ya sa na ce bari in rubuta shi sau ɗaya, yadda ya faru. Karatuna bai yi nisa ba, a yi haƙuri da rubutun.

Ga wanda bai san mu ba, ni mai sayar da kayan tela ne a Ayigya Zango, nan Kumasi, zare da maɓalli da zif. Rukayya 'yata ce ta uku. Mahaifiyarta Azara, Allah ya ji ƙanta, 'yar Moshi Zango ce, iyayenta Mosawa ne daga Burkina. Hausarta irin ta yawancin mutanen Zango ce, wadda ba ta raba mace da namiji: uwa ya ce, yarinya ya tafi. Ni kuwa kakana daga ƙasar Hausa ya zo, kuma a gidanmu an ɗauki "ta" da "ya" kamar alwala, abin da ba a wasa da shi. Shekara talatin da wani abu ina gyara wa Azara magana, a ɗaki, a tsakar gida, a gaban baƙi. Wata rana a wajen suna na maimaita maganarta da irin muryarta, maza suka yi dariya. Daga ranar ta rage magana idan ina gida. Na lura, amma na ɗauka ladabi ne.

Rukayya ta fara da wayar hannu, tana ɗaukar bikin aure da suna a unguwa. Daga baya ta samo wata tsohuwar kyamara a wajen masu kayan gwanjo na Sofoline, ɗaliban jami'a da ke haya a layinmu suka koya mata yadda ake yanka hoto a haɗa a kwamfuta. Da mutane suka fara ce mini 'yarka tana yawo da kyamara cikin maza a tashar trotro, motocin haya, sai na karɓe kyamarar na kulle a akwatin shago, na ce mata ko kyamara ko gidana. Bayan rasuwar uwarta da wata biyar ta koma Ankara, babban birnin Gana, wajen yayarta. Shekara bakwai muna gaisawa a waya ranar sallah, gaisuwar da ba ta kai minti biyu ba.

A bakin mutane na riƙa jin aikinta. An ce ta yi gajeren fim a kan mata masu dama koko, ta yi wani a kan masu wankin mota. An ce ba ta ɗaukar 'yan wasa, ba ta sa kiɗa, kuma ba ta da kamfani, ita da abokan aiki biyu ne. Ban kalli ko ɗaya ba.

Sai ga takardar gayyata ta aiko ta hannun yayarta. An zaɓi dogon fim ɗinta na farko za a nuna a wani taron masu fim a Wagadugu, tana so in zo. A tsakiyar takardar an buga sunan fim ɗin da manyan baƙaƙe: Uwata Ya Ce. Wallahi kafin in yi tunani hannuna ya riga ya ɗauki biro, na soke "Ya" na rubuta "Ta" a samansa. Sai da na ajiye biron na gane abin da na yi, na kuma gane a kan wa aka yi fim ɗin. Na ce yarinyar nan ta tara duk abin da na yi wa uwarta, za ta baje shi a gaban baƙin duniya, kuma tana so in zauna in kalla. Abin da ya fi wannan tayar mini da hankali shi ne in ji daga bakin Azara cewa da baƙin cikina ta tafi. Kwana huɗu ina juya maganar. A na biyar na buɗe akwatin shago, na naɗe kyamarar a cikin tsohon rawani, na sa a jaka.

Bayana ba ya ɗaukar zaman mota mai tsawo, don haka na raba tafiyar biyu. Na shiga motar safe zuwa Tamale. Wadda Allah ya haɗa ni kujera da ita wata Hajiya Memuna ce, 'yar unguwar Aboabo, mai sarin tumatir daga Burkina. Ta san hanyar kamar tsakar gidanta. Kafin mu kai Techiman ta san sunana da sana'ata da ciwon bayana.

"To Alhaji mai zare, me za ka yi a Waga? Ko amarya ne?"

Na ce ziyara.

"Ziyaran wa?"

"'Yata ce take wani aiki a can."

"Wane aiki ne ba shi da suna?"

Na juya ina kallon taga. Ta bar ni, amma a Kintampo, da aka tsaya cin abinci, ta sayo soyayyar doya da yaji ta ajiye mini a cinya ta ce, "Ci. Mutum da ya ɓoye magana yunwa na kama shi da wuri." A gadar Buipe mata suka kewaye motar da soyayyen kifi a faranti, ta sa na saya, ƙaya ta maƙale mini a wuya, ta yi ta dukan bayana, daidai inda yake ciwo, har ƙayar ta wuce. A Tamale na kwana gidan wani ɗan ƙanena. Da safe na je tashar Bolga, ina hawa mota na ji muryar Hajiya Memuna ta ce, "Mai zare, ga wuri na ajiye maka."

A Paga, bakin iyaka, muka sauka muka bi layi. Ɓangaren Gana ba a daɗe ba. Muka taka zuwa ɓangaren Burkina, kuma daga nan bakina ya mutu. Faransanci ko kalma ɗaya ba ni da ita. Wani jami'i matashi ya buɗe jakata, ya warware rawanin, kyamara ta bayyana. Ya ɗaga ta ya yi mini tambaya. Na yi masa Turanci, ya girgiza kai. Na yi masa Hausa, ya kira wani. Hajiya Memuna ta matso ta ce, "Yana tambaya ko kai ɗan jarida ne. In kai ɗan jarida ne akwai wani takarda da za ka nuna."

Na ce ta faɗa masa ba tawa ba ce.

"Na wa ne?"

Babu yadda zan yi. Na ciro takardar gayyatar na miƙa, na ce, "Ta 'yata ce. Fim take yi." Wannan ne karo na farko da na faɗi haka da bakina a gaban mutane.

Jami'in ya karanta takardar har ƙasa. Ya dube ni, ya gyara tsayuwa, ya faɗi wani abu mai tsawo. Hajiya ta ce, "Ya ce kai baban mai fim ne, barka da zuwa ƙasarsu. Ya ce shi ma yana son ya je kallo amma aiki ya riƙe shi." Shi da kansa ya naɗe kyamarar a rawanin, ya fi ni iya naɗi. A nan Kumasi, in aka ce 'yar wane tana fim, murya ake ragewa. A can sai na ga kamar na ce likita ce.

Da muka koma mota Hajiya ta karɓi takardar ta duba. "Shi ne kake ɓoyewa tun Techiman? Yarinyanka ya yi ƙoƙari, kai kana kunya." Sai ta ga biron. "Wa ya ɓata takardan nan?"

Na ce ni ne.

"Me ya sa?"

"Na ɗauka kuskure ne."

Ta dube ni ta saman tabarau. "Ku dai Hausawan asali. Ko a lahira sai kun gyara wa mala'ika magana."

Daga garin Po zuwa Wagadugu sau uku ana sauke mu a shingen sojoji, kowa ya riƙe katinsa a hannu ya taka ya wuce, mota ta biyo baya. Ba wanda ya yi gunaguni. Na ce a raina da a hanyar Ejisu ta wajenmu ne da an ji mita iri-iri da Twi, yaren mutanen Kumasi. Mun shiga gari bayan la'asar. Abin da ya fara ɗaukar idona babura ne, kuma rabin masu tuƙin mata ne, wata da goyo, wata da dogon burodi a ɗaure a baya kamar itacen wuta, wata tsohuwa sa'ata da carbi a wuya.

Rukayya tana jirana a tasha. Ta rame kaɗan, ta sa tabarau. Ta durƙusa ta gaishe ni yadda aka koya mata, ta karɓi jakata. Hajiya Memuna ta leƙo ta taga ta ce, "Kai ne mai fim? Riƙe babanka da kyau, ƙaya na kama shi." Motarsu ta wuce kasuwa, ban sake ganinta ba.

Masaukin da Rukayya ta samar mini ba otal ba ne. Gidan Baba Isufu ne, ɗan ƙanen kakar Rukayya ta wajen uwa, tsoho mai gyaran keke. Ban taɓa sanin Azara tana da dangi a raye a can ba, don ban taɓa tambaya ba. Rukayya ce ta nemo su lokacin da take haɗa fim ɗin. Al'adarsu, ba a gaisawa da baƙo sai ya sha ruwa. Aka kawo zomkom a ƙwarya, ruwan gero da citta, irin wanda ake sayarwa a Moshi Zango amma nasu ya fi tsami. Na sha, na miƙa, sannan aka buɗe gaisuwa. Ina da 'yan kalmomin Mosanci da suka maƙale mini daga bakin Azara, na ce bari in gwada. Na gyara murya na ce, "Ne i yibeogo." Baba Isufu ya riƙe hannuna da hannu biyu ya amsa, matan gidan suka amsa, aka yi ta murna. Sai da muka shiga ɗaki Rukayya ta ce, "Baba, barka da asuba ka yi musu." Rana tana gab da faɗuwa. Mutum goma sha wani abu a tsakar gidan, har da yara, babu wanda ya ko murmusa.

A ɗakin na ciro rawanin na ba ta. Ta warware, ta juya kyamarar, ta buɗe wajen batir, ya kumbura ya yi fari. Ta ce, "Na gode, Baba." Ta ajiye a gefe. Takardar gayyatar ta faɗo daga jakar, ta ɗauka, ta ga biron. Ta daɗe tana kallo, sannan ta ninke ta mayar mini, ta ce gobe ƙarfe uku ne. Tuwon da aka kawo da miyar kuka mai daɗi ne, sun fi mu sa daddawa, amma loma uku na iya yi.

Washegari aka ɗauke ni a bayan babur, ni da babbar riga, ina riƙe da hula da hannu ɗaya. Zauren ya cika, Turawa da baƙaƙe. Aka zaunar da ni kusa da Rukayya a tsakiya, aka kashe fitila da rana tsaka.

Zan faɗi yadda aikinta yake, gwargwadon fahimtata. Ba ta ɗaga kyamara sama. Tana ajiye ta ƙasa, daidai tsayin kujerar tsakar gida, yadda yaro yake ganin uwarsa tana aiki. Sau da yawa ba fuska take nunawa ba, hannu ne: hannu yana tsince wake, hannu yana ƙulla koko a leda. Babu kiɗa, babu mai bayani. Abin da kunne yake ji a Zango shi za ka ji, kiran salla daga masallatai uku da ba su taɓa farawa tare ba, injin niƙa, wata tana zagin akuya da Twi. Kuma ba ta da gaggawa. In mutum ya gama magana ba ta yankewa, sai ta jira, kuma a cikin jiran nan ne mutum yake faɗin abin da ya zo faɗa. Mata biyar ne a fim ɗin, kowacce tana ba da labarin abin da uwarta ta faɗa mata game da zuwansu Kumasi. Kowacce da irin Hausarta, ba a gyara wa kowa ba. Fassarar Faransanci tana gudu a ƙasa.

Ta huɗu Azara ce. Hoton ya ɗan dushe, don da tsohuwar waya aka ɗauka. Kicin ɗinmu ne, na gane tukunyar da murfinta ya lotse. Hannunta ne a cikin roba tana wanke shinkafa, da zoben azurfar da na saya mata. Tana magana da sauri, tana dariya, tana kwaikwayon muryoyi. Ban san matar nan haka ba. Tana cewa, "Uwata ya ce ranar da suka ƙetare ruwa, jaki ya ƙi shiga kwalekwale, uwata ya ce..."

Sai ƙarar ƙofa. Sai muryar namiji daga waje, ba a ganinsa: "Ta ce. Shekara talatin ana faɗa miki. Ta ce."

Hannun ya tsaya a cikin ruwa. Rukayya ba ta yanke ba. Ban san tsawon lokacin ba, a wajena ya kai tafiyar Kumasi zuwa Paga. Ana jin mutumin yana neman wani abu a ɗaki, ana jin takalminsa, ƙofa ta sake ƙara. Na ce to, yanzu za ta yi kuka, ko ta faɗi abin da na zo ji.

Sai Azara ta ce a hankali, "Ya tafi?" Muryar Rukayya ta ce e. Sai ta ce, "To. Uwata ya ce," ta ja "ya" ɗin da gangan, ta fashe da dariya har ruwan shinkafa ya zube. Zauren duka ya ɗauka.

Muryar Rukayya ta tambaye ta, "Mma, ba ya ba ki haushi?"

Ta ce, "Da yana ba ni. Amma duba, babanka a nan Kumasi aka haife shi. Kano ma bai taɓa gani ba. Babansa bai bar masa gida ba, bai bar masa gona ba, Hausan nan ne kawai gadonsa. Bar shi ya riƙe abinsa. Mutum ne mai kirki, tsoro ne ya yi masa yawa." Ta ci gaba da labarin jakin.

Gaskiya ta faɗa. Ban taɓa taka ƙasar Hausa ba, kuma ban taɓa faɗa wa kowa a bencin masallaci ba. Na sa hula a fuska. Abin da na ji ba kunya ba ce da farko, sauƙi ne, kamar an sauke mini buhun siminti daga kai. Na zo ina tsammanin na kashe wa matar nan murya. Ashe muryarta tana nan, ni ne kawai aka daina ba ni. Wannan ma hukunci ne, kuma na cancance shi, amma ba da baƙin ciki ta tafi ba. Rukayya ba ta dube ni ba, ta dai ɗora hannunta a hannun rigata har aka kunna fitila.

Aka kira ta gaba, aka yi ta tafi. Wani Bature ya yi tambaya, ta amsa da Turanci, don haka na ji. Ya ce me ya sa ba ta nuna fuskar mutumin da ke bakin ƙofa ba. Ta ce ba ta nuna fuskar wanda bai ba ta izini ba. Ba ta ce yana zaune a zauren ba.

Da safe ta raka ni tasha. Muka zauna a benci wajen mai shayi, aka ba mu kofi a kwano da dogon burodin nan mai yanka dasashi. Na ce mata, "Rukayya, abin da na yi miki, da abin da na yi wa uwarki..." Maganar ta tsaya. Ta yi mini irin jiran da take yi wa mutanenta, ba ta taimake ni da kalma ko ɗaya ba, har na ƙarasa da kaina na ce ta yafe mini. Ta ce ta yafe tun ranar da ta zauna haɗa wannan wurin, don sai da ta saurare shi sau ɗari.

Sannan ta ce, "Baba, akwai magana. Matan da ke ciki suna so a nuna shi a Zango. A nan ba wanda ya san muryarka. A gida kowa ya sani. In ka ce in cire wurin, zan cire, ba zan ji haushi ba."

Na tambaye ta in ta cire muryata, dariyar uwarta za ta zauna? Ta ce a'a, dariyar ba ta da ma'ana in ba a ji abin da ya jawo ta ba, sai dai su tafi tare. Na ce to a bar su tare.

Dawowa ba ta da labari, sai dai na yi barci daga Bolga har Walewale, abin da ban yi ba a mota shekara da shekaru.

To ku da kuke tambaya, ga amsarku. Asabar ta biyu bayan sallah za a nuna fim ɗin a filin makarantar Islamiyya ta layinmu, bayan magariba. Ku zo da matanku. In an kai kan mace ta huɗu za ku ji wani yana gyara wa matarsa magana daga bakin ƙofa. Kada ku sunkuyar da kai don ku rufa mini asiri, ni ne. Na ce wa Rukayya ta ajiye mini kujera a layin gaba, don kada kowa ya sha wahalar waiwaye.